Iya tana da naɗi, matar shugaban ƙasa fa?

Duk wanda ya tashi a Maraɗi ya san yadda gari yake kwana idan an ce gobe uwargidan shugaban ƙasa za ta sauka. Tun jajibiri ake share hanya daga filin jirgi har ofishin gwamna, a kafa rumfuna, a jera kujerun roba ɗaruruwa a bayan kujerun manya. Da hantsi a fito da ƴan lakwal su jeru a bakin titi cikin rana, mata su fito da anko, kalangu na tashi, guɗa na tashi. Gefe guda an jibge buhunan shinkafa da gidajen sauro, ga kekunan ɗinki cikin kwalayensu, ga injin niƙa biyu ko uku, ga motar ɗaukar marasa lafiya sabuwa dal an ɗaura mata ƙyalle. A yi jawabi, a miƙa mabuɗi, a ɗauki hoto. Kafin la'asar baƙi sun kama hanya, da dare Télé Sahel ta nuna.

Matan da suka koma gida da buhu a ranar sun ji daɗi, kuma sun ci, wannan babu musu. Amma akwai tambayoyin da ba a yi a ƙarƙashin rumfar, ba a kuma yin su bayan an kwance ta: kuɗin wa aka kashe, wa zai duba lissafin, wa zai zuba wa motar nan mai bayan wata shida? Ina zaune a Faransa, inda aka daɗe ana cece-kuce a kan matsayin matar shugaban ƙasa har aka gaji aka rubuta shi a takarda. Abin da zaman nan ya nuna mini shi ne, halin matan nan ba shi ne damuwarmu ba. Mun ɗora wa mace iko ba tare da naɗi ba, alhali mu ƴan Katsinar Maraɗi da Gobir mun fi kowa sanin cewa iko sai da naɗi.

A fadar Maraɗi akwai Iya, a Tsibirin Gobir akwai Inna, kuma ba matar sarki ake naɗawa ba. Daga cikin ƴaƴan gidan sarauta ake ɗauko ta, ƴar'uwar sarki ko gwaggonsa, a naɗa ta a gaban jama'a kamar kowane mai sarauta. Tana da gidanta daban, da fadawanta, da makaɗanta. Al'amuran mata a hannunta suke. Matar da aure ya yi wa zafi tana iya kai kuka ƙofarta, a zamanin da kuma ƴan bori duk a ƙarƙashinta suke. Ba zancen bori ya kawo ni ba, malamai sun yi maganarsu a kansa. Tsarin nake so a duba. Kowa ya san wanda ya naɗa Iya, ya san iyakar huruminta, ya san inda za a kai ƙara in ta wuce gona da iri. Matar sarki kuwa tana cikin gida da mutuncinta. Tana iya yi wa mijinta magana bayan isha'i ya ji, babu sarkin da ya fi ƙarfin wannan, amma ba ta zama ta karɓi gaisuwar fatake da sunan sarauta, ba ta aika wa hakimi umarni. Kakanninmu sun ba mace sarauta mai ƙarfi, sai dai sun raba ta da igiyar aure, kuma da gangan suka yi.

Kalmar da muke kiran matsayin ma ta nuna rigar aro ce. Uwargida a Hausa ita ce matar fari. Da Tandja Mamadou, wanda ya taɓa yin perefe a Maraɗi, ya hau mulki a 1999 da matansa biyu, Hajiya Laraba da Hajiya Fati, sai aka wayi gari ana kiran kowacce uwargidan shugaban ƙasa. Haka aka maimaita a zamanin Issoufou Mahamadou daga 2011 zuwa 2021: Hajiya Aissata da gidauniyarta Guri Vie Meilleure, Dakta Lalla Malika da tata Tattali Iyali. Auren mata biyu halal ne, ba abin magana ba ne a wurinmu. Amma a aikin gwamnati yana nufin ofis biyu, ayari biyu, masu tsaro kashi biyu, kuma ministan da ya halarci taron ɗaya dole ya nemi ranar da zai halarci na ɗayar. Turawan da muka aro matsayin daga wurinsu ba su taɓa tunanin wannan ba, mu kuma ba mu zauna mun yi wa kanmu ƙa'ida ba.

Kundin tsarin mulkin Nijar na 25 ga Nuwamba 2010, wanda aka dakatar bayan juyin mulkin 2023, ya ɗaure shugaban ƙasa tamau. Ya ce ya bayyana dukiyarsa a rubuce cikin awa 48 bayan rantsuwa, ya sabunta bayanin kowace shekara, kada ya shiga kwangilar gwamnati da kansa ko ta hannun wani. Matarsa kuwa bai ambace ta ba. Ba ta rantsuwa, ba ta da albashi, majalisa ba ta da ikon kiranta ta yi mata tambaya. A takarda ita talaka ce kamar kowa, gidauniyarta kuma ƙungiya ce mai zaman kanta. A zahiri, babu daraktan kamfanin gwamnati da wayarta za ta shigo ya bar ta tana ƙara.

Kuɗin irin wannan gidauniya ta ƙofofi da yawa suke shigowa, kuma wadda ta fi girma ita ce wadda ba a gani, wato abin da gwamnati take bayarwa ba tsaba ba: motoci, mai, direbobi, jandarmomi, ma'aikatan da aka ɗauko daga ma'aikatu suna karɓar albashinsu can suna aiki nan. Mu yi ɗan lissafi. Daga Yamai zuwa Maraɗi wajen kilomita 660 ne, zuwa da dawowa ya haura 1,300. Babbar kat-kat tana shan kamar lita 14 a kilomita ɗari, ke nan lita 180 da ɗoriya kowace mota. Ko uwargidan ta zo ta jirgi, motocin sai sun riga ta isowa ta ƙasa. Mota goma ta tasar ma lita 2,000, gazuwal kuwa ya haura sefa 600 a lita. An ƙone sama da miliyan ɗaya ke nan tun ba a biya kuɗin tafiyar ma'aikata ba, ba a biya masauki ba, ba a yi hayar rumfa da kujeru ba, ba a ciyar da baƙi ba. Wani lokaci in aka haɗa hidimar kai kyauta, sai ta yi kunnen doki da kyautar kanta. Kuma wannan kuɗi ba ya fitowa a lissafin gidauniya, don ba ita ta biya ba, ba ya kuma fitowa da sunanta a kasafin ƙasa, don ya ɓace cikin hidimar fadar shugaban ƙasa da ta jiha.

Sai ƙofar ƴan kasuwa. Maraɗi garin alhazai ne, mun san yadda kyauta take aiki. Akwai mai bayarwa don Allah, kuma suna da yawa. Akwai kuma wanda takardarsa ta neman kwangilar hanya ko ta takin zamani take kan tebur, sai ya aika tirela guda ta shinkafa wa gidauniya ana gobe azumi. Bai nemi komai ba, ba a yi masa alkawarin komai ba. Amma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, kuma jami'in da zai buɗe takardun kwangila ya ga hotonsa a talabijin yana gaisawa da uwargida. Dokar da ta hana shugaba taɓa kwangila ba ta hana matarsa karɓar kyauta daga ɗan kwangila ba.

Akwai kuma takardar yafe kuɗin duwan. Kayan agaji suna shigowa ba haraji, kuma daidai ne. Matsalar tana cikin yadda ake rubuta takardar. In aka rubuta "kayan abinci" ko "kayan likita" kawai, ba adadi, ba lambar kwantena, ba ranar ƙarewa, ba sunan inda za a sauke, to an buɗe ƙofar da wani na kusa zai shigo da nasa kaya a inuwar sunan uwargida, ita ba ta ma sani ba. Ɗan kasuwar da ya biya duwan cikakke sai ya tarar da irin kayansa a babbar kasuwa ƙasa da farashin da ya sayo.

Kayan da aka raba a ƙarƙashin rumfa su ma suna da tasu rayuwa, kuma nan ne ake asarar da ta fi ciwo. Motar ɗaukar marasa lafiya tana buƙatar abu biyar kafin ta zama mota: takardar mallaka da sunan gundumar lafiya, inshora, direba mai albashi, kason mai na wata-wata, da kuɗin taya da juye. In takardar ta tsaya da sunan gidauniya, gunduma ba ta da hurumin kashe mata ko dala daga kasafinta. Sai a koma karɓar kuɗin mai daga dangin mai naƙuda da tsakar dare. Taya biyu suka fashe a hanyar Dakoro, sai a ɗora ta kan duwatsu a bayan likita, kaji su samu inuwa. Na'urar duba ciki kuma wuta take so mai tsayuwa. Wutarmu tana ɗaukewa tana dawowa da ƙarfi, in ba a haɗa na'urar da abin daidaita wuta da batir ba, allon cikinta yana ƙonewa a ƴan watanni. Ko ba ta ƙone ba, sai an horar da ungozoma makonni, sai an tanadi man shafawa da takardar bugawa, sai an san wanda za a kira in kanta ya lalace, kuma kan nan shi ne mafi tsada a jikinta. Injin niƙa da aka ba "matan gari" ba tare da an faɗi wace ƙungiya ba, wa ke riƙe kuɗin niƙa, nawa za a ware don gazuwal da bel da wasa faranti, ƙarshensa ko ya tsaya ko ya koma hannun mutum ɗaya. Magani ma haka. Ƙa'idar Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce maganin kyauta ya iso da sauran aƙalla shekara ɗaya kafin ya lalace. Wanda ya iso da saura wata biyu kaya ne aka ɗora wa majo, don sai ya nemi inda zai ajiye shi da yadda zai ƙone shi.

Yoyon fitsari ya fi komai nuna bambancin biki da aiki. Doguwar naƙuda ce ke kawo shi, kan jariri ya danne mafitsara kwana biyu ko uku har nama ya mutu ya huje. Matan shugabanni sun sha ɗaukar nauyin gangamin aikin tiyata, kuma alheri ne. Sai dai ɗinkin shi ne rabin aiki. Bayansa mace za ta zauna da robar fitsari mako ɗaya zuwa biyu, ana lura kada ta toshe, tana shan ruwa da yawa. Za ta yi watanni ba ta kusanci miji ba, wanda ke nufin sai an zauna da mijin an yi masa bayani. In ta sake ɗaukar ciki, sai ta dawo a yi mata aiki a ciro jaririn, in ba haka ba ɗinkin ya warware. Likitocin da suka zo na mako ɗaya suka tafi ba za su ga wannan ba. Shi ya sa cibiyar Danja, a kudu da Maraɗi, wadda aka buɗe a 2012 kuma take nan rani da damina, ta fi gangami goma amfani. Mai son taimakon matan nan da gaske, gadajen irin wannan cibiya zai ƙara, ya biya horon ma'aikatanta, ko da babu mai ɗaukar hoto.

Yanzu ga yadda wasu suka yi da nasu. Ban kawo Faransa don ta zama malamarmu ba, mun san abin da ke tsakaninmu da ita. Na kawo ta don rigar daga can muka aro, ya kamata mu ga yadda masu ita suka rage mata tsawo. Emmanuel Macron ya yi alkawarin ba matar shugaba matsayi na hukuma. Da ya hau a 2017, mutum wajen dubu 300 suka sa hannu a takardar ƙin amincewa, sai ya ja da baya. Ranar 21 ga Agusta 2017 fadar Elize ta fitar da takardar ƙa'ida: Brigitte Macron ba ta da albashi, ba ta da kasafi nata na kanta, an ba ta mashawarta biyu da sakatariya, za a riƙa bayyana ayyukanta ga jama'a, kuma kotun binciken kuɗin gwamnati za ta riƙa duba abin da ake kashewa a kanta. Kotun tana fitar da adadin kowace shekara, yana kai-komo a wajen Yuro dubu 300, kusan miliyan 200 na sefa. Takardar tana da rauni, don ba doka ba ce, fada ce ta rubuta wa kanta, shugaba na gaba yana iya yar da ita. Amma ɗan jarida a nan yana iya buɗe rahoto ya ga lamba, ya yi gardama a kan lamba. Mu a kan jita-jita muke gardama.

A Amurka matar shugaba ba ta da albashi, kuma dokar 1967 ta hana shugaba naɗa danginsa a ma'aikatun gwamnati. Wata doka ta 1978, zamanin Rosalynn Carter, ta yarda a ba ta ma'aikata daga kasafin fadar, kuma duk shekara ana buga sunayen ma'aikatan fadar da albashin kowa. Abin da ya fi burge ni shi ne dokar kyauta. Duk kyautar da wata gwamnati ta ba shugaba ko matarsa, in ta wuce ƴan ɗaruruwan daloli, ta ƙasa ce, sai dai in suna so su saya da kuɗinsu. Firaministan Indiya ya ba Jill Biden lu'ulu'u na dala dubu 20 a 2023, aka rubuta shi a jerin da ma'aikatar harkokin waje take bugawa, bai zama nata ba. Ita kuma ta ci gaba da koyarwa a wata kwaleji tana karɓar albashinta na malama.

Gana ta fi kusa da mu. A 2021 aka ji cewa za a riƙa biyan matar shugaba da ta mataimakinsa albashi kamar ministoci. Ƙasa ta ɗauki zafi, matar shugaban, Rebecca Akufo-Addo, ta mayar da alawus ɗin da ta karɓa tun 2017, sidi dubu 899 da ɗoriya, a 2024 kuma Kotun Ƙoli ta ce biyan albashin ya saɓa wa tsarin mulki. A Chile, Irina Karamanos, abokiyar zaman shugaban ƙasar a lokacin, ta rufe ofishin uwargidan shugaba da hannunta a 2022, aka mayar da gidauniyoyin da ke ƙarƙashinsa hannun ma'aikatu.

Misalin da ya fi dacewa da ciwonmu na Jamus ne. A 1950 Elly Heuss-Knapp, matar shugaban ƙasar na farko bayan yaƙi, ta kafa gidauniyar kula da lafiyar iyaye mata. Har yau tana nan, sama da shekara 70. Kowace matar shugaba ta zo, sai ta zama uwar gidauniyar, ta tafi ta bar ta da ma'aikatanta da asusunta.  A wurinmu kuwa Magama ta Hajiya Laraba, Guri, Tattali Iyali, Noor ta Hajiya Hadiza Bazoum, kowacce tauraruwarta tana haskawa ne a zamanin maigidan. Ya sauka, masu kyauta su juya wajen sabuwa, ma'aikatan aro su koma ma'aikatunsu, mai jinyar da aka fara wa magani ta zo ta tarar da ƙofa a rufe. Ƴan'uwanmu na ƙetaren Jibiya sun ga irin wannan fiye da mu. Maryam Babangida ta kafa shirin kyautata rayuwar matan karkara a 1987, Maryam Abacha ta zo da nata na tallafa wa iyali a 1994, kowace mai zuwa da sabon suna. Cibiyar cutar daji da Hajiya Turai Ƴar'aduwa ta tara wa gudummawa a 2009 ta yi shekaru a hanyar filin jirgin Abuja ba majinyaci ko ɗaya, bayan rasuwar mijinta a 2010. Abubuwa biyu da suka rayu suna da darasi: asibitin mata da yara na shirin Maryam Abacha ya rayu don ya koma Asibitin Ƙasa na Abuja da kasafin gwamnati, ƙungiyar WRAPA ta Mai shari'a Fati Lami Abubakar, matar Janar Abdulsalami Abubakar, kuma ta rayu tun 1999 don an gina ta a kan aiki ɗaya, kare haƙƙin mata a gaban shari'a, da shugabanci wanda bai dogara da kujerar mijinta ba.

Kada a ɗauka ina cewa matar shugaba ta koma ɗaki ta rufe ƙofa. Tana da abu ɗaya da babu ministan da yake da shi: in ta yi magana ana ji, kuma tana iya faɗin abin da namiji ɗan siyasa yake jin nauyin faɗa. Lokacin da sida take abin ɓoyo, fitowar Hajiya Laraba tana magana a kanta ta rage wa masu ɗauke da cutar kunya. Dakta Lalla Malika, da yake likita ce, ta sa zancen kansar mama da ta bakin mahaifa ya shiga gidajen da ba ya shiga. Mutanen Maraɗi da yawa sun saurari hirar Aisha Buhari da BBC Hausa a Oktoban 2016, sun ga yadda maganar mace ɗaya ta girgiza fada. Wannan murya ba ta cin lita ɗaya ta mai. Ga inda nake so a kashe ta. Tun 2006 gwamnati ta ce aikin ciro jariri, awon ciki da maganin yara ƴan ƙasa da shekara biyar kyauta ne. Yadda abin yake tafiya, likitar ƙauye tana yin magani, ta cika takardar biya, ta aika gunduma, gunduma ta aika ma'aikatar lafiya, daga nan zuwa baitulmali. In biyan ya makara watanni, ɗakin magani ya ƙare, majo ya rubuta wa uwa takarda ta je ta saya a waje, kyauta ta zama suna kawai. Matar shugaban da za ta riƙa tambayar ministan kuɗi duk wata uku, a gaban jama'a, nawa aka biya likitocin Madarunfa da Gidan Runji da Mayahi, ta fi mai raba gidan sauro dubu goma amfani. Haka dokar Disamba 2017 ta kare karatun ƴaƴa mata. A jihar da binciken 2012 ya nuna kusan tara cikin goma na ƴan mata ana aurar da su kafin shekara 18, ana buƙatar mai zama da sarakuna da malamai a fahimci juna cikin girmamawa, ba sau ɗaya a shekara ba.

Rashin ƙa'ida kuma ita matar yake fara ci. Aissa Diori, matar shugaba Diori Hamani, ta rasa ranta a daren juyin mulkin 15 ga Afrilu 1974. An zarge ta da tara dukiya a shekarun fari, masoyanta kuma har gobe suna cewa ƙazafi ne, kuma babu littafin lissafin da za a buɗe ya raba gardama, ya wanke ta ko ya kama ta. Clémence Aissa Baré, bayan kashe mijinta shugaba Ibrahim Baré Maïnassara ranar 9 ga Afrilu 1999, sai da ta kai har kotun CEDEAO kafin a 2015 a yanke cewa a biya iyalin diyya. Hajiya Hadiza Bazoum an tsare ta tare da mijinta tun 26 ga Yuli 2023, ta shafe sama da shekara biyu a haka, ita da ba ta taɓa riƙe muƙami ba. Kowane ɓangare mutum yake a siyasar yau, ya kamata wannan ya dame shi. Macen da ba a rubuta ikonta ba, ba a rubuta kariyarta ba. Ranar daɗi ana ba ta abin da ya wuce haƙƙinta, ranar wuya a ɗora mata abin da ya wuce laifinta.

Tun da an ce ana sake gina ƙasa, kuma dole wata rana a rubuta sabon kundi, ga abin da nake ganin ya kamata ya shiga doka, ba takardar fada kawai ba. Matar shugaba, ɗaya ce ko huɗu, ofis ɗaya za a yi musu, da adadin ma'aikata sananne da layi guda a kasafin fadar shugaban ƙasa, kotun binciken kuɗi ta duba shi ta buga. Bayanin dukiyar shugaba ya haɗa da ta matansa. Kada ta kafa gidauniya tata muddin mijinta yana kan kujera. A yi gidauniya ɗaya ta ƙasa mai dawwama, da kwamitin amintattu wanda wa'adinsa ba ya ƙarewa tare da na shugaba, ita ta zama uwa, ba mai sa hannu a cak ba. Duk kyautar da ta wuce wani adadi a buga sunan mai ita a jaridar gwamnati, kuma wanda yake da kwangila ko yake nemanta kada a karɓi tasa. Mace mai sana'arta, likita ko malama ko ƴar kasuwa, a bar ta ta ci gaba in tana so, da sharaɗin kada ta yi ciniki da gwamnati. Idan mulki ya ƙare ta kowace hanya, doka ta ce ita ba fursuna ba ce sai in kotu ta tuhume ta da laifin kanta.

Ba sai mun je Turai koyon wannan ba. A jihar Maraɗi aka fara Mata Masu Dubara a 1991, tare da ƙungiyar CARE, kuma tsarin ya bazu ƙasashe da dama. Duba yadda suke zama. Mata ashirin da wani abu a kan tabarma, akwatin ƙarfe a tsakiya da kwaɗo uku. Mabuɗan suna hannun mata uku daban, akwatin yana kwana a gidan ta huɗu wadda ba ta da mabuɗi ko ɗaya. Ba a buɗe shi sai a gaban kowa. Masu ƙirga su ƙirga da ƙarfi, a faɗi jimla kowa ta ji ta riƙe, mako mai zuwa kafin a buɗe a tambaya nawa aka bari. Shugabar ƙungiya in ta makara, ita ma tana biyan tara. Yawancinsu ba su shiga lakwal ba, amma babu wadda za ta yarda a ce don shugaba mutuniyar kirki ce a bar mata mabuɗi uku.

Kafin dokar ta zo, akwai abin da jiha za ta iya yi da kanta. Duk kayan da za a kawo kyauta, daga uwargidan shugaba ko daga kowa, babban likitan gunduma ya ga jerinsu mako biyu kafin biki, ya faɗi abin da yake buƙata da wanda ba ya buƙata. Mota ta zo da takardarta da sunan gunduma da kason man shekara ɗaya a rubuce. Na'ura ta zo da abin daidaita wuta, da sunan wanda aka horar, da lambar mai gyara. Injin niƙa ya tafi hannun ƙungiyar mata mai akwati, a rubuta kason gyara. Bayan wata shida a koma a duba, a liƙa sakamakon a allon ofishin magajin gari inda mai wucewa zai karanta. Ƴan lakwal kuma a bar su a aji ranar.